Jakin da Ya Yi Sarauniya

Ga kacici-kacici, kuma ban yarda kowa ya laluba wayarsa ba sai mun kai ƙarshe tare. Me ya haɗa wani jaki mai surutu da Faransanci da wata sarauniyar ƙasar Hausa wadda mutanenta suka tari bindigogin Faransa da kwari da baka a 1899? Kada ka ce babu. Akwai. Amsar tana da suna, tana da fasfo, ta taɓa ma yin dako a tashar jiragen ruwa.

A Kalgo na tsinci tambayar, a wata rumfar cajin waya kusa da tasha, irin wadda ake tura wa mutane finafinai a memori. Yara sun yi dandazo a kan waya ɗaya suna kallon katun ɗin nan na koren ƙato da jakinsa, Shrek. Memorin daga tsallaken iyaka ya fito, saboda haka da Faransanci jakin yake zuba. Babu mai jin ko kalma ɗaya a cikinsu, amma sai ƙyaƙyatawa suke, domin muryar kaɗai ta isa: ta hau, ta gangaro, ta shaƙe, ta yi magiya, sannan ta ɓarke da wata irin dariya mai fitowa daga can cikin maƙogwaro. Wani dattijo mai jiran mota, da rawaninsa da 'yar jakarsa a hammata, wanda daga jin Hausarsa ka san mutumin Nijar ne, ya karkato kunne. Ya saurara jim kaɗan. Ya yi murmushi.

"Kun ji wanga jaki?" in ji shi. "To shi yay yi Sarauniya."

"Wace sarauniya, Baba?" mai rumfar ya tambaya.

Daidai lokacin kwandasta ya bubbuga jikin mota yana kiran Kamba. Dattijo ya tattare riga ya shige. Ta taga ya jefo mana sauran: "Tamu mana!" Mota ta tashi, ta bar mu da ƙura da tambaya.

Nan take majalisa ta kafu. Duk ɗan Najeriyar da aka ce wa "Sarauniya", zuciyarsa Zazzau take tafiya, kuma wani ɗalibin jami'a da ke jiran wayarsa ta cika ya rantse Amina ake nufi. Ai an yi mata fim, ya ce, na Izu Ojukwu, wanda ya hau Netflix a 2021. Wani ya ce a'a, Daurama ce. Mai rake ya yanke hukuncin cewa tsufa ne kawai ya kama Baba. Kai ma, mai karatu, na san ɗaya daga cikin ukun nan ka zaɓa. To duk ku sake lale. Mutumin bai ce "taku" ba. "Tamu" ya ce, kuma ya hau motar da ta nufi iyaka. Wace sarauniya ce mutumin Nijar zai kira tasu ba tare da ya ga bukatar ƙara ko harafi ba?

Ɗaya ce tak. Sarauniya Mangu ta Lugu.

Lugu ƙauye ne na Azna, masu addinin gargajiya, a arewa maso gabashin Dogon Dutsi, cikin ƙasar Arewa, 'yan uwan mutanen Kangiwa ta wannan ɓangaren iyaka. Labarin da ya fito da sunansa duniya gajere ne, mai ɗaci. A Yunin 1898 Ingila da Faransa suka zauna a Paris suka raba ƙasar da ba tasu ba. Suka dasa tsinin kamfas a kan birnin Sakkwato suka zana da'ira mai nisan mil 100. Gwandu da Kalgo suka faɗa rabon Ingila, shekara biyar kafin sojanta su iso a 1903. Faransa kuwa, in tana son kai wa Tafkin Chadi, sai ta kewaye da'irar ta arewa. Aka ba wasu kyaftin biyu aikin, Paul Voulet da Julien Chanoine, wanda ubansa janar ne har ya riƙe ministan yaƙi. Suka taso daga bakin Kwara, wajajen Sayi, garin da ya daɗe yana bin Gwandu, a farkon 1899, suna ƙona garuruwa, suna kama mutane su yi musu dako, suna rataye wanda ya yi gardama. A tsakiyar Afrilu suka iso Lugu, suka tarar da maharba sun ja daga. Faransawa sun rubuta cewa an kashe musu mutum huɗu, an raunata shida. Mutanen Sarauniya suka janye cikin surƙuƙin daji, aka ƙone garin. A watan Mayu ayarin ya yi wa Birnin Ƙonni, da ke cikin da'irar Ingila, kisan da har yau ba a manta ba. Da labarin ta'asar ya kai Paris, aka turo Kanar Klobb ya karɓe ragamar. Voulet ya sa aka harbe shi ranar 14 ga Yuli. Kwana biyu zuwa uku bayan haka, sojojinsu baƙar fata suka juya musu bindiga, shi da Chanoine, kusa da Maijirgi a ƙasar Tasawa.

An yi fim a kan wannan. Sunansa Sarraounia, da rubutun Faransawa, ya fito a 1986. Mun samu sarauniya ke nan. Saura jaki.

A Gwandu akwai wani tsohon malamin Faransanci da ya yi ritaya, wanda aka ce mini yana da fim ɗin a wata tsohuwar kwamfuta. Na same shi a zaure bayan la'asar, na zayyana masa abin da ya faru a Kalgo. Ya cire tabarau ya goge. Daga yadda gefen bakinsa ya motsa na gane ya san amsar. Amma malami malami ne, ko ya bar aji.

"Ɗana, zauna ka kalla," ya ce. Ya kunna, ya ja fim ɗin gaba kaɗan, ya tsallake sunayen da ke fitowa a farko. Da gangan.

Zargina na farko mai sauƙi ne: wataƙila akwai jaki a cikin fim ɗin, jaki na gaske, mai kunne da wutsiya. Na ƙura ido awa biyu. Na ga dawakai, na ga sojoji masu jar dara, na ga 'yan dako ɗaure da igiya, na ga wuta tana cin bukkoki, na ga Voulet yana zarewa sannu a hankali har ya shelanta cewa shi ya bar zama Bafaranshe, sarkin baƙar fata ne. Babu dabbar da ta buɗe baki. Amma wani abu ya tsaya mini a wuya. Sarauniyar Lugu, Bahaushiya 'yar Bahaushiya, ta tsaya gaban mayaƙanta tana jawabi, ni kuma Bahaushe ina zaune sai karanta fassara nake a ƙasan allo. Ba Hausa take yi ba. Mu ajiye wannan a aljihu. Za mu dawo kansa.

Wanda ake zargi na biyu ya fi ƙarfi. Kowa ya san a Shrek na asali, na Turanci, Eddie Murphy ne ya yi muryar jakin. Kuma Eddie Murphy ba baƙon rawanin Afirka ba ne: a 1988 ya fito a matsayin yariman wata ƙasa ta ƙage mai suna Zamunda. Yana da kuɗi, yana da suna, baƙar fata ne. Ko dai shi ya zuba dukiya aka yi wa Sarauniya fim a ɓoye? Na gabatar da wannan nazari cike da alfahari. Malam ya yi dariya har da tari.

"Muryar da ka ji a Kalgo, da wane harshe take magana?"

"Faransanci, Malam."

"To Eddie Murphy ya taɓa shiga ajina ne?"

Nan asirin ya fara tsagewa. Mu da muka saba da Indiya-Hausa bai kamata wannan ya sha mana kai ba. Wanda ya kalli fassarar Algaita ya san ba Shah Rukh Khan ne ke cewa "wallahi" ba. Wani ne a sutudiyo a Kano ya ara masa baki. Faransawa sun fi mu daɗewa a wannan sana'a, kuma suna da wata al'ada: in murya ta dace da jarumi, sai a bar masa ita shekara da shekaru, fim bayan fim, har 'yan kallo su ɗauka tasa ce ta haihuwa. Ashe ba jaki muke nema ba, ba kuma Ba'amurke ba. Muna neman mutumin da ke tsaye a bayansu cikin duhu. Mai Faransanci. Mai alaƙa da Lugu. Wanda yake raye a 2001, shekarar da Shrek ya fito.

Sai na fara jero mutanen Nijar. Oumarou Ganda fa? Tsohon soja ne da ya yi yaƙin Indochina, ya yi leburanci a Abidjan, ya zama jarumin fim, sannan darakta, kuma fim ɗinsa Le Wazzou polygame ne ya fara lashe babbar kyautar bikin finafinan Afirka na FESPACO a 1972. Ya dace ta ko'ina, sai ta wuri ɗaya. Ya rasu ranar 1 ga Janairun 1981. Jean Rouch, Bafaranshen da ya shafe rayuwarsa yana ɗaukar hoto a bakin Kwara, wanda ajalinsa ya same shi a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004? Yana raye a 2001, gaskiya ne, amma muryarsa ta mai ba da labari ce cikin natsuwa, kuma finafinansa sanannu ne, babu wannan a ciki. Abdoulaye Mamani, ɗan jam'iyyar Sawaba, wanda ya rubuta littafin Sarraounia a 1980, littafin da aka ɗora fim ɗin a kansa? Shi kam ko kotu aka je za a ce ya "yi Sarauniya". Amma haɗarin mota ya ɗauke shi a 1993. Mutum uku, shaidar wanke kai uku.

Malam ya tausaya mini ya jefo ɗan haske. "Duba cikin 'yan wasan," ya ce. "Akwai mai sayar da murya."

Ya nuna mini Chanoine, mai siririyar fuska da idon mugunta. Sunan ɗan wasan Féodor Atkine, Bafaranshe, ya yi dandamali, ya yi fim. Kuma, in ji Malam, yana cikin manyan masu ɗora murya a Faransa. Har katun yana yi. Zuciyata ta buga. Ga shi a cikin fim ɗin. Ga Faransanci. Ga katun. Yana raye a 2001. Na miƙe tsaye.

"Shi ne, Malam!"

"Zauna."

Atkine shi ne muryar Jafar, mugun wazirin nan na katun ɗin Aladdin. Murya ce mai sanyi, mai santsi, ta makirci. Jaki kuwa wuta ne. Mun iso ƙofar gidan, mun ƙwanƙwasa ta maƙwabci.

Magariba ta kawo jiki. Malam ya mai da fim ɗin farko, inda ya tsallake. Baƙin allo. Kiɗa. Sunaye suka fara fitowa. Sai ɗif, aka ɗauke wuta, batirin tsohuwar kwamfutar kuma ya daɗe da mutuwa.

Muka yi salla. Muka ci tuwo. Bai ce uffan ba.

Wuta ta dawo. Ya kunna. Sunan darakta ya fito, gajere, kalma biyu. Ya sa na rubuta a tafin hannu. Sannan ya karɓi wayata, ya nemo jerin waɗanda suka ɗora muryar Shrek da Faransanci. Koren ƙaton: Alain Chabat. Ya gangara layi ɗaya. Jaki.

Na dubi allo. Na dubi tafin hannuna.

Med Hondo. Med Hondo.

Mutum ɗaya ne. Wanda ya tsaya bayan kyamara ya tara ɗaruruwan mutane da dawakai ya sake gina yaƙin Lugu, shi ne wanda ya tsaya gaban makirufo yana magiya da shirme da bakin jaki. Shi ne kuma muryar Eddie Murphy a Faransa tun farkon shekarun 1980, har da dariyar nan da Faransawa suke kwaikwayo suna zaton ta Murphy ce. Shi ne Rafiki, tsohon birin nan mai sanda na katun ɗin The Lion King na 1994. Ya ara wa Morgan Freeman baki a wasu finafinai. Da wuya a sami gida mai talabijin a Faransa, ko a Yamai, ko a Dakar, da muryarsa ba ta shiga ba. In ya bi titi kuwa, ba mai waiwayowa, sai fa in ya yi magana. Dattijon Kalgo bai yi tsufan banza ba. Kunnensa ya fi idonmu gani.

To wane ne shi? Mohamed Abid Hondo, ɗan asalin Muritaniya, haifaffen tsakiyar shekarun 1930. Girki ya koya, a makarantar horar da ma'aikatan otal a Rabat ta Maroko. A 1959 ya tsallaka Faransa da takardar shaidar kuku a hannu, ya tarar takardar ba ta kai launin fatarsa nauyi ba. Ya yi dako a tashar jiragen ruwa ta Marseille, ya yi aikin gona, ya yi sabis a gidajen abinci, ya yi girki. A Paris ya fara koyon wasan kwaikwayo, kuma ya yi sa'ar malama: Françoise Rosay, ɗaya daga cikin manyan jaruman Faransa tun kafin yaƙin duniya na biyu. A hannunta ya ratsa Molière da Racine da Shakespeare. Ka riƙe wannan, domin nan ne aka ƙera muryar. Wanda ya koyi furta baitocin Racine ta yadda mai zaune a kujerar ƙarshe zai ji kowane harafi, ba zai sha wahalar bin bakin ɗan barkwancin Amurka ba, komai gudunsa.

Amma dandamalin Paris na wancan zamani ba shi da wuri mai faɗi ga baƙar fata. Ya samu ƙananan fitowa a fim, ciki har da na Costa-Gavras da na John Huston, irin fitowar da in ka sunkuya ɗaukar gyaɗa ta wuce. Maimakon ya zauna jiran a kira shi, a 1966 ya kafa ƙungiyar wasa mai suna Shango, daga baya ta haɗe da ƙungiyar Griots ta su Robert Liensol, ɗan tsibirin Guadeloupe. Suka riƙa yawo da wasannin marubuta baƙar fata irin su Aimé Césaire da René Depestre. 'Yan kallo ba su da yawa. Wasa in an gama shi ya tafi ke nan. Sai ya ce bari ya koma abin da ba ya gogewa.

Fim kuɗi yake ci. Daga ina kuku zai samo su? Daga wani ɗaki mai duhu.

Bari mu leƙa ɗakin. Ba taga, bango a lulluɓe don kada sauti ya dawo. Gaba ga allo, ga makirufo, ga wani ƙarfe da mai magana yake dafawa. A ƙarƙashin hoton akwai wani siririn zirin rubutu yana gudu daga dama zuwa hagu, yana ratsa wani layi da ke tsaye. Duk gaɓar da ta taɓa layin, a wannan ƙiftawar za ka furta ta. A zamanin Hondo da hannu ake rubuta zirin: in jarumi ya ja kalma, a miƙe haruffan su yi tsawo, in ya yi sauri, a cunkushe su. Har numfashi da dariya da buɗe baki suna da alamarsu. Mai fassara kuma sai ya nemo kalmar Faransanci da za ta rufe leɓe daidai inda Ba'amurken ya rufe nasa. A maimaita gutsure ɗaya har sai ya zauna. A nan mutumin ya tsaya shekara da shekaru, yana ɗan sanda, yana ɓarawo, yana biri, ya karɓi ladansa ya fita. Dakau ya yi a gidan wasu don ya tuƙa nasa tuwon.

Tuwon farko shi ne Soleil Ô, labarin wani ɗan Afirka mai ilimi da ya je Paris neman aiki ya tarar da ƙofofi a rufe. Da abokansa na dandamali ya yi shi, Liensol ne jarumi, ana ɗauka in an samu kuɗin fim, a tsaya in sun ƙare. A 1970 aka nuna shi a Cannes, ya kuma samu babbar kyautar bikin Locarno. A 1979 ya yi West Indies, inda ya gina jirgin bayi sukutum a cikin wata tsohuwar masana'antar motocin Citroën a Paris, ya ba da tarihin shekaru ɗaruruwa da rawa da waƙa a kan jirgin. Sannan ya juyo ga littafin abokinsa Mamani.

A nan sai mai bincike ya yi adalci. Na san abin da kake shirin cewa: ashe jaki ne ya biya kuɗin Sarauniya. Dubi shekarun. Sarraounia 1986, Shrek 2001. Shekara 15 tsakani. Jaki bai zuba ko sisi ba, a sallame shi. In akwai wanda za a kama a shekarun da Hondo yake fafutukar haɗa kuɗin fim ɗin, to Axel Foley ne, ɗan sandan nan mai baki na Beverly Hills Cop, wanda ya fito a 1984 ya cika silima a Faransa da muryar Hondo. Ka duba abin: da rana yana sa Faransawa dariya da bakin Ba'amurke, da dare yana tsara yadda zai nuna musu abin da kakanninsu suka yi a Ƙonni. Akwai masu ganin mutumin da ya shafe rayuwarsa yana sukar mamayar finafinan Amurka a silimun Afirka bai kamata ya zama bakinsu ba. Ni ban ga aibu ba. Bai ɓoye ba, bai kuma yi aikin da ha'inci ba. Ya yi shi da gwanintar da ta sa yaran da ba su jin Faransanci dariya. Kuma da ya jira mai kuɗin da zai biya a tona asirin Voulet, da har ya mutu yana jira.

Yanzu sa hannu a aljihu ka fito da abin da muka ajiye. Me ya hana Sarauniyar Lugu yin Hausa?

Zato na farko: Hondo bai san Hausawa ne ba. Bai tsaya ba, domin Mamani da kansa ya sa hannu a rubutun fim ɗin. Zato na biyu: babu 'yan wasa a Nijar. Wannan ma ya faɗi. Ƙasar da ta haifi Ganda da Zalika Souley ba ta rasa masu tsayawa gaban kyamara ba. Amsar tana ga taswira. A Nijar aka shirya ɗaukar fim ɗin. Shiri ya yi nisa, sai gwamnatin Seyni Kountché ta janye hannunta. Ga abubuwa uku na ajiye maka a faifai, ka haɗa da kanka: marubucin littafin ɗan adawa ne da wannan gwamnati ta taɓa ɗaurewa, fim ɗin yana nuna hafsoshin Faransa suna yanka mutane, Faransa ce kuma take haƙar yuraniyam a Arlit a lokacin.

Hondo ya rasa ƙasa. Kuɗi na zuba. Sai wata ƙofa ta buɗe daga yamma.

Thomas Sankara, wanda ya hau mulki a Wagadugu a 1983, ya ce a zo. Burkina Faso ta ba da wuri da mutane da tallafi. Aka gina Lugu a ƙasar da ba Lugu ba. Aka ba wata 'yar Burkina, Aï Keïta, matsayin Sarauniya, ta kuwa riƙe shi da kwarjini. Sai dai harshen da ke bakinta da na mayaƙanta shi ne wanda wurin ya tanada: Julanci, harshen kasuwannin Bobo-Dioulasso, ga kuma Fulatanci da Faransanci a bakin wasu. Siyasar Yamai ce ta cire Hausa daga bakin Sarauniya Mangu. Mutumin da sana'arsa ita ce sa wa jarumai harshen da ba nasu ba, ƙaddara ta sa ya yi wa tasa jarumar haka.

Mutumin Gwandu da zai kalli fim ɗin ya shirya, akwai inda zai ji tsini. Littafin da fim ɗin sun sa masu sarautar Musulunci na ɓangaren Sakkwato a sahun abokan gabar Sarauniya, kuma ba su yi musu kwalliya ba. Malam ya yi tsaki a wurin, na ji shi. Gabar tana da tushe: a ƙarni na 19 Arewa da Zabarma sun haɗa kai da Kabawan Argungu sun yi ta gwabzawa da Gwandu da Sakkwato. Amma kada a ɗauki fim a matsayin kundin tarihi. Masu nazari irin su Antoinette Tidjani Alou ta jami'ar Yamai sun nuna cewa jarumar nan mai ɗamara da baka ƙirar alƙalamin Mamani ce. A Lugu, Sarauniya sarauta ce ta addinin gargajiya da ake gada, mai riƙe da ita a keɓe take zaune, ƙarfinta na tsafi ne da faɗa-a-ji. Mamani ya ba ta makami, Hondo ya ba ta fuska, kuma wannan siffar ce ta zagaya duniya.

A Paris fim ɗin bai ga rana ba. Silimu kaɗan suka ɗauke shi a ƙarshen 1986, ba a jima ba aka sauke. A Wagadugu kuwa, a FESPACO na 1987, shi ya lashe babbar kyauta, wadda ake kira Ingarman Yennenga, watanni kaɗan kafin a kashe Sankara a Oktoban shekarar. Mai son raha ya lura: a Shrek na biyu, na 2004, jakin ya sha wani magani ya rikiɗe ya zama farin ingarma, yana ta fankama. Mai muryar ya riga shi samun nasa ingarman da shekara 17.

Ya ci gaba da yin finafinai har 2004, ya ci gaba da shiga ɗaki mai duhu. A 2017 gidauniyar Martin Scorsese ta gyara Soleil Ô aka sake nuna shi a Cannes, yana raye ya gani. Ya rasu a Paris ranar 2 ga Maris 2019, ranar da ake rufe bikin cikar FESPACO shekara 50 a Wagadugu. Jaridun Faransa da dama suka sanar da cewa muryar Eddie Murphy ta rasu. Sai ka gangara ƙasa kafin ka ga Sarauniya.

Da ni ke da sutudiyo a Kano, da na nemi izinin masu haƙƙin fim ɗin na huta da Indiya na wata guda. Ba kuma Kananci zan sa mata ba. Mace zan nemo daga Dogon Dutsi ko Kangiwa, mai Hausar Arewa garau, ta tsaya gaban makirufo ta mayar wa Sarauniya harshenta. Mayaƙa ba za su yi wuya ba, 'yan dako ma haka. Da na faɗa wa Malam, ya ce shi zai yi fassarar kyauta, amma da sharaɗi: in nemo wani ya ari bakin Voulet, don shi kam yana da jikoki a garin nan.